SONA: Tarihin Kunnen Ƙarƙashin Teku, Kuma Shin Mutum Na Iya Jin Ƙararta?

Ga waɗanda ba su samu damar sauraron shirin ba, ko kuma data ta yi musu gardama, ga shi nan a rubuce kamar yadda muka saba.

Yau teku za mu shiga, can ƙasa inda rana ba ta kaiwa. Duk wanda ya taɓa kallon fim ɗin yaƙin jiragen ƙarƙashin teku ya san wannan wurin: an kunna jar fitila, kowa ya yi tsit, gumi na zuba, sai ka ji wata siririyar ƙara, "piiing", ta ratsa jirgin. Wannan ƙarar ita mutane suka sani da sona, wadda Turawa ke rubutawa sonar. Tambaya biyu zan amsa yau. Yaya take aiki? Kuma da gaske kunnen ɗan Adam na iya jin ta, ko ƙarin gishirin 'yan fim ne? Amsar duka biyun tana cikin tarihin na'urar, don haka ta nan za mu bi.

Mu fara da matsalar kanta. A cikin teku ido ba shi da wani amfani. Da ka wuce zurfin mita 200 haske ya kusa ƙarewa, kafin ka kai mita 1,000 kuwa duhu ne ƙirin ko da tsakar rana. Rada, wadda ake gano jirgin sama da ita, ba ta aiki a can, domin ruwan gishiri na shanye igiyar rediyo cikin 'yan mitoci. Abu ɗaya ne ke tafiya da kyau a ruwa, shi ne sauti. A iska sauti na gudun kimanin mita 343 a daƙiƙa ɗaya. A ruwan teku yana yin kusan mita 1,500, wato ninki huɗu da wani abu, kuma yana yin nisa sosai kafin ya mutu. Saboda haka duk mai son sanin abin da ke ƙarƙashin teku, kunne zai kasa.

An daɗe da lura da haka. Tun wajen 1490 Leonardo da Vinci ya rubuta cewa in mutum ya tsayar da jirginsa, ya tsoma dogon bututu a ruwa ya ɗora kunne a ɗaya bakin, zai ji motsin jiragen da ke nesa da shi. Amma sai a 1826 aka auna saurin da kyau. Wasu matasa biyu, Daniel Colladon da Charles Sturm, suka shiga tafkin Janeba na ƙasar Suwizalan da kwale-kwale biyu, tsakaninsu sama da kilomita 13. A ɗaya kwale-kwalen an rataye ƙararrawa a cikin ruwa, an haɗa ta yadda da an buga ta albarushi zai kama ya yi haske. A ɗayan kuma Colladon na zaune da agogo da wani ƙaho da ya tsoma a ruwa. Ya ga hasken, ya fara ƙirga, ya ji ƙararrawar, ya tsayar. Sun samu mita 1,435 a daƙiƙa. In ka kwatanta da abin da na'urorin yau ke bayarwa a irin wannan ruwan sanyin, bambancin bai wuce 'yan mitoci ba.

Sai dai ilimin ya zauna haka nan kusan shekara casa'in, har sai da bala'i ya afku. Ranar 15 ga Afrilun 1912 jirgin Titanic ya nutse bayan ya yi karo da dutsen ƙanƙara, mutum sama da 1,500 suka rasu. Duniya ta girgiza, masu ilimi suka shiga neman hanyar da jirgi zai san akwai abu a gabansa cikin dare ko hazo. Wani ɗan Kanada da ke aiki a birnin Boston na Amurka, Reginald Fessenden, ya ƙera wani faifan ƙarfe da lantarki ke girgizawa ya fitar da sauti a ruwa. A Afrilun 1914 ya gwada shi daga kan wani jirgin gwamnatin Amurka mai suna Miami, ya aika ƙara, ƙarar ta daki dutsen ƙanƙara mai nisan kimanin kilomita 3, ta dawo masa.

To nan ne asalin sirrin yake, kuma ba shi da wuya. Amsa-kuwwa ce kawai. Ka taɓa yin ihu a gindin dutse ko a bakin rijiya ka ji muryarka ta dawo? Shi ke nan. Ka aika sauti, ka ƙirga lokacin da ya ɗauka kafin ya dawo. A ce daƙiƙa 4 ya yi. A kowace daƙiƙa yana cin mita 1,500, ka ga ya yi tafiyar mita 6,000 ke nan, zuwa da dawowa. Raba biyu, abin yana nisan kilomita 3. Gefen da ka juya na'urar shi zai gaya maka inda abin yake. In kuma ƙarar ta dawo da ɗan kaifi fiye da yadda ta tafi, abin yana matsowa ne, kamar yadda jiniyar motar asibiti ke ƙara kaifi in tana nufo ka, ta yi kauri in ta wuce. Jemage ma da wannan dabarar yake kama sauro cikin dare, shi dai a iska yake nasa.

'Yan watanni bayan gwajin Fessenden Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke, sai magana ta tashi daga ƙanƙara ta koma kan jiragen ƙarƙashin teku na Jamus. A Mayun 1915 ɗaya daga cikinsu ya nutsar da jirgin fasinja Lusitania, kusan mutum 1,200 suka mutu. A watan Afrilun 1917 kaɗai sun nutsar da jiragen kaya da nauyinsu ya haura tan 800,000, har Birtaniya ta fara tsoron yunwa. Abin da ake da shi lokacin shi ne makirfo na cikin ruwa, a tsoma a saurari ƙarar farfela. Amma dole mai sauraro ya kashe injinsa, kuma in jirgin abokan gaba ya lafe ya yi shiru, ba abin da za ka ji.

Wanda ya kawo mafita shi ne Paul Langevin, masanin kimiyya ɗan Faransa, tare da wani ɗan Rasha mai suna Constantin Chilowsky. Langevin ɗalibin Pierre Curie ne, kuma tun farkon shekarun 1880 Pierre da ɗan'uwansa Jacques suka gano cewa dutsen kwaz, irin wanda ke cikin agogon hannu mai batir, in ka matse shi yana fitar da lantarki, in ka ba shi lantarki kuma yana girgiza. Ka ga dutse ɗaya zai iya zama baki ya kuma zama kunne. Langevin ya jera kwaz tsakanin faranti biyu na ƙarfe, ya yi gwaji a tashar ruwa ta Toulon, kuma zuwa 1918 yana samun amsa-kuwwa daga jikin jirgin da ke nutse. Ku riƙe wannan, don za mu dawo kansa: wani masani Ba'amurke, Robert Wood, da ya ziyarci wurin, ya ga ƙananan kifaye na mutuwa in sun gitta ta gaban na'urar, kuma wanda ya tsoma hannu a tankin yana jin zafi mai tsanani. Sautin ya fi ƙarfin kunne, amma jiki ya ji.

Ingila ta ɗauki wannan dabara ta hannun wani ɗan Kanada, Robert Boyle, ta sa wa na'urarta suna ASDIC. Sunan sona kuwa sai a 1942 Frederick Hunt na jami'ar Harvard ya ƙirƙiro shi, don ya yi kama da rada. Da aka shiga Yaƙin Duniya na Biyu a 1939, manyan sojan ruwan Ingila na ganin sun gama da matsalar jiragen nutso. Ashe da sauran aiki.

Kwamandan jiragen nutso na Jamus, Karl Dönitz, ya san raunin na'urar. Ba ta wuce nisan kimanin kilomita 2, kuma ba ta iya kama jirgin da ke saman ruwa yadda ya kamata. Sai ya ce wa mutanensa su riƙa kai hari da dare, a saman ruwa, cikin gungu. Wani raunin kuma, in jirgin rakiya ya iso daidai kan abokin gaba don ya sako masa bam, sai na'urar ta rasa shi, kyaftin mai wayo ya karkace a wannan 'yar tazarar. Ga kuma teku kanta. Ruwan sama-sama ɗumi ne, na ƙasa sanyi ne, kuma a inda suka haɗu sauti na lanƙwasawa, kamar yadda sanda ke zama kamar ta karye in ka tsoma ta a bokiti. Jirgin da ya nutsa ƙasan wannan layin yakan shiga inuwar da ƙarar ba ta kaiwa sosai.

Wannan yaƙin ya shafe mu kai tsaye. Gyaɗar da ake lodi a Kano ta bi jirgin ƙasa zuwa Legas, ta teku take wucewa Ingila, kuma Freetown ta Saliyo ita ce babbar matattarar ayarin jiragen da ke bin gaɓar Afirka ta Yamma, inda jiragen Jamus suka yi ɓarna sosai a 1941. Kakanninmu da aka ɗauka yaƙin Bama a 1943 da 1944, da yawansu 'yan Arewa, ta teku aka kai su Indiya. A cikin jiragen yaƙin da ke rakiyar irin waɗannan ayarin, akwai wani matashi a ƙaramin ɗaki da abin sauraro a kunne, wanda ran dubban mutane ya rataya a kan jinsa.

Yanzu ga tambayarmu ta biyu, a zamanin wancan yaƙin: ana jin ƙarar? Sauti girgiza ne, kuma ana ƙirga shi da sau nawa yake girgiza a daƙiƙa, ma'aunin da ake kira haz. Kunnen matashi mai lafiya na ji daga haz 20 zuwa kusan 20,000, kuma da shekaru na ƙaruwa saman na raguwa. ASDIC na aiki ne tsakanin haz 14,000 zuwa 22,000, wato daidai bakin iyakar jin ɗan Adam. Shi ya sa aka sa wa na'urar wani sashe da ke sauko da sautin ƙasa yadda mai aiki zai ji shi sarai. Wannan "piiing" ɗin da 'yan fim ke so, asalinsa abin da mai aikin ke ji ne a kunnensa. Su kuwa waɗanda ake farauta, waɗanda suka tsira sun ba da labarin cewa suna jin ta a jikin jirgin, wasu suka ce kamar ana watsa wa ƙarfen tsakuwa. Ka yi tunanin kana cikin gwangwani a zurfin mita 150, kana jin wannan ƙarar na matsowa, ka san bam ke biye da ita. A Mayun 1943, bayan an haɗa sona da rada da jiragen sama da fasa saƙonnin sirri, Jamus ta rasa jiragen nutso sama da 40 a wata ɗaya. Zuwa ƙarshen yaƙin, cikin kowane mutum huɗu da suka fita teku a waɗannan jiragen, kusan uku ba su dawo ba.

Nan ne nake so ku ba ni hankalinku, domin nan ne fim da gaskiya suka rabu. Ƙarar da ka aika sai ta je, ta daki abu, ɗan kaɗan daga cikinta ya dawo, yana ƙara rauni a hanya. Shi kuwa wanda kake nema, tafiya ɗaya kawai ƙarar za ta yi ta iske shi. Don haka zai ji ka tun daga nisan da kai ba za ka iya gano shi ba. Kamar mai tocila ne a daren da aka ɗauke wuta: shi taku goma yake gani a gabansa, amma duk unguwa ta san inda yake. Hausawa suka ce kifi na ganinka mai jar koma. Jirgin saman ruwa ba shi da abin ɓoyewa, injinsa ma ya riga ya tona shi, don haka yana iya buga ƙara. Jirgin ƙarƙashin teku kuwa jarinsa ɗaya ne, kada a san inda yake. Shi ya sa sona ta kasu biyu: mai aika ƙara ta jira amsa, da mai sauraro kawai. Jiragen ƙarƙashin teku na zamani suna da duka biyun, amma kusan duk rayuwarsu a kan sauraro take.

Yaƙin cacar baka tsakanin Amurka da Tarayyar Sobiyet, a teku, gasar shiru ce. A 1944 Maurice Ewing da Lamar Worzel sun nuna cewa a zurfin kimanin mita 1,000 akwai wani layi da sauti ke maƙalewa ya yi ta tafiya kamar a cikin bututu. A 1960 an tayar da bam a tekun da ke kusa da Perth ta Ostareliya, aka ji shi a Bamuda, nisan kusan kilomita 20,000. Amurka ta shimfiɗa jerin makirfo a ƙasan teku cikin sirri tun shekarun 1950, tsarin da ake kira SOSUS, kuma a 1962 tashar da ke Barbados ta ji wani jirgin Sobiyet mai amfani da nukiliya tun yana can yammacin Nowe. Kowane irin jirgi da muryarsa, daga farfela zuwa famfo zuwa janareta, kuma ƙwararren mai sauraro na bambanta su kamar yadda kake gane ƙarar babur ɗin maƙwabcinka tun bai kwano layi ba. Sai kowa ya shiga rufe bakin jirginsa: a ɗora inji kan roba, a lulluɓe jikin jirgi da fale-falen roba masu shanye sauti, dabarar da Jamus ta fara gwadawa tun a yaƙi na biyu. Har rikicin diflomasiyya aka yi a 1987, da ta bayyana cewa wani reshen kamfanin Toshiba na Japan da Kongsberg na Nowe sun sayar wa Sobiyet injunan sassaƙa farfela mai ƙarancin ƙara.

Shirun nan yana da farashi. A Fabrairun 2009, HMS Vanguard na Birtaniya da Le Triomphant na Faransa, kowanne ɗauke da makamai masu linzami na nukiliya, suka yi karo a tsakiyar tekun Atlantika. Babu wanda ya ji ɗan'uwansa. Da farko Faransawan sun ɗauka wata kwantena ce da ta faɗo daga jirgin kaya. Kafin nan, a Janairun 2005, USS San Francisco na Amurka ya daki dutsen ƙarƙashin teku da cikakken gudu a kudu da tsibirin Guam, matuƙi ɗaya ya mutu, gommai suka ji rauni. Dutse ba ya ƙara, kunne kuma ba ya jin abin da ya yi shiru.

To yau fa, mutum na iya jin sona? Ya danganta da wacce. Mai sauraro kawai ba ta fitar da komai, babu abin ji. Ƙananan na'urorin da masunta ke neman kifi da su, da na auna zurfi, yawanci suna aiki daga haz 50,000 zuwa 200,000, sun fi ƙarfin kunnenmu. Amma manyan na soja, waɗanda ake so su yi nisa, an sauko da su ƙasa, domin sauti mai kauri ya fi tafiya. Wadda ke gaban jiragen yaƙin Amurka da yawa tana aiki wajen haz 3,000, daidai inda kunnen mutum ya fi kaifi. Akwai kuma mai kauri sosai, tsakanin haz 100 zuwa 500. Waɗannan ana jin su ƙwarai, a cikin ruwa da kuma ta jikin ƙarfen jirgi, kuma ba "piiing" ɗaya mai daɗi ba ce, ta fi kama da dogon fito mai hawa da sauka. A cikin ruwa sautin ta ƙashin kai yake shiga, shi ya sa mai nutso ke ji amma ya kasa gane daga ina yake zuwa.

Ƙarfinta fa? Za ku ga ana yawo da lambar desibel 235 a intanet, ana kwatanta ta da ƙarar jirgin sama. Lambar gaskiya ce ga wasu na'urorin, a nisan mita ɗaya daga bakinsu, amma ma'aunin ruwa daban yake da na iska, sai ka cire wajen 62 kafin ka kwatanta. Ko bayan an cire, ƙara ce mai ban tsoro, kuma haɗarin na ga wanda ke cikin ruwan kusa da ita. Shi ya sa a jiragen yaƙi ake sanarwa a hana kunna sona duk lokacin da masu nutso ke aiki a ƙasan jirgi. A Nuwambar 2023 Ostareliya ta zargi wani jirgin yaƙin Sin da kunna sona kusa da jirginta HMAS Toowoomba, lokacin da masu nutsonta ke cire tarun kamun kifi daga farfela a tekun kusa da Japan, ta ce sun ji ƙananan raunuka. Sin ta musanta. Jiki ya fi kunne ji, in ji masu magana, kuma kifayen Toulon sun riga sun nuna haka tun shekara ɗari da suka wuce.

Waɗanda suka fi mu shan wahala su ne masu gidan. Kifin wel da dolfin da sauti suke neman abinci, da shi suke kiran juna. A Maris ɗin 2000, wel fiye da goma suka fito gaɓa a tsibiran Bahamas bayan jiragen Amurka sun wuce suna atisaye, kuma rahoton da rundunar ruwan Amurkan ta sa hannu a kai ya amince cewa sona ce mafi kusantar zama sanadi. A Satumbar 2002 wasu 14 suka fito a tsibiran Kanari yayin wani atisayen. Sifaniya ta hana irin wannan atisaye a kewayen tsibiran a 2004, kuma masu bincike sun lura cewa fitowar gungu irin wannan ta tsaya a yankin. A Amurka kuwa maganar ta kai har Kotun Ƙoli, wadda a 2008 ta fifita buƙatar horon soja.

Ba duka tarihin ne na yaƙi ba. Da sona aka zana taswirar ƙasan teku. Kunnuwan da aka dasa don sa ido kan gwajin nukiliya su suka ji ƙarar da ta nuna yankin da jirgin Ajantina, San Juan, ya halaka da mutum 44 a 2017. Kuma a 1958 wani likita a Glasgow, Ian Donald, ya wallafa aikinsa na leƙa cikin jikin mutum da amsa-kuwwar sauti. Duk wata 'yar'uwarmu mai juna biyu da ta je asibiti aka yi mata sikanin ta ga jaririnta a allo, jikanyar na'urar Langevin ce aka ɗora mata a ciki, da ƙarfi ɗan kaɗan, da sautin miliyoyin haz da babu kunnen da ke ji.

A nan zan dakata. Ku gaya min a ƙasa, wane fim na jirgin ƙarƙashin teku kuka taɓa kallo, kuma in da akwai wanda kakansa ya je yaƙin Bama ya ba shi labarin tafiyar teku, ina so in ji. Ku tura wa abokai su ma su karanta. Sai mun haɗu a shiri na gaba, ku huta lafiya.